Ranar da Kyamarar Winfried Ta Yi Rawa

Ƙarfe takwas da kwata Winfried Haslinger ya haɗiyi ƙwayar, a tsaye a banɗakin masauki, ya kora da ruwan famfo. Awa uku take yi masa aiki, uku da rabi in ya samu barci. Jiya bai samu ba. Ya ɗaga hannun dama gaban madubi ya zuba masa ido. Babban yatsa yana ta murza ɗan manuni a hankali, kamar mai barbaɗa gishiri a miya, kuma ba shi ya sa shi ba. Ya tura kwalin maganin can ƙasan jaka, ƙarƙashin safa. Ba ya fita da shi wajen aiki, don a wajen ɗaukar fim babu aljihun da yake na mutum shi kaɗai. Yanzu za ka ajiye riga, yanzu mai kula da sutura za ta ɗauka ta kakkaɓe.

Wata bakwai ke nan da wata likita a Munich ta faɗa masa sunan ciwon. Matarsa Traudl ta sani, bayan ita babu kowa. Kuma dole ya zama babu kowa, domin ranar da maganar ta fita ranar aikinsa ya ƙare. Inshora ba ta tsaya wa mai ɗaukar hoton da hannunsa ke rawa, furodusa kuwa ba ya ɗaukar wanda inshora ta ƙi. Ba korarsa za a yi ba, mu 'yan fim ba ma haka. Liyafa za a yi masa, a yi jawabi, a miƙa masa furanni, daga nan wayarsa ta daina ƙara. Shekarunsa sittin da ɗaya, kuma in ka cire leƙen kyamara ko ƙusa bai iya bugawa ba.

Shekara talatin da huɗu ya yi yana ɗaukar finafinan barkwanci. Masu rabon lambar yabo ba su san da zamansa ba, su nasu sai fim ɗin da za a yi awa biyu mutum na kallon ruwan sama ta taga yana tunanin mahaifinsa. Amma duk wanda ya taɓa aikin ba da dariya daga Munich har Vienna ya san Winfried, kuma abu guda aka san shi da shi. Dokar aikin ce, duk wanda ya yi dariya ana tsakiyar ɗauka har ya ɓata ta, kiret ɗin giya ya hau kansa, na kowa da kowa. Masu fitila sun saya. Masu ɗaukar murya sun saya har sun gaji. Daraktoci ma sun saya. Winfried bai taɓa saye ba ko sau ɗaya. Ana iya kifewa a bayansa ana toshe baki da hula, shi kyamararsa tana nan ƙyam.

Da ya iso dandalin ƙauyen, tara saura, an riga an gama shiri. Itacen bikin watan Mayu, wanda ake kafawa a tsakiyar gari, na kwance a kan gwafanninsa, mita ashirin da takwas, an yi masa fentin fari da shuɗi. Mutanen gari wajen ɗari biyu sun sha kayan gargajiya suna ta hamma. A gefen rijiyar dandali ga jar mota sabuwa dal, an cire mata inji an bar gangar jiki tana ƙyalli.

Ilka Rautenberg, darakta, ta taho da takarda a naɗe a hannu. 'Yar Hamburg ce, shekara talatin da takwas, wannan ne fim ɗinta na biyu, kuma ba ta da wasa a aikin wasa.

"Winfried, mu sake bi sau ɗaya. Magajin gari ya bar masu ɗaga itace, ya ruga wajen 'yan badujala zai yi musu masifa, kai kana biye da shi a guje. Ya tsaya, ya juyo, ya fara jawabi. Itacen ya karkace a bayansa ya faɗa wa motarsa. Ba zai waiwaya ba. Kai kuma ka tsaya a fuskarsa daƙiƙa goma sha biyu. Kada ka motsa."

"Na ji tun jiya."

"Itace ɗaya muke da shi. Mota ɗaya."

"Wannan ma na ji." Ya ɗan yi gyaran murya. "Ilka, har yanzu ina ganin in muka shimfiɗa layin dogo muka ɗora kyamarar a kan keke…"

"A kafaɗa. Sati uku ina bin ra'ayinka, komai a kan ƙafa-uku kamar hoton biki. Wannan guda ɗaya ka bar mini."

Gaskiyarta. Sati uku yana ce mata barkwanci ba ya son kyamara mai yawo, a kafa ta wuri ɗaya a bar ɗan wasa ya yi aikinsa. Maganar ba ƙarya ba ce, tun yana saurayi yake faɗinta. Sai dai bana akwai abin da yake ɓoyewa a bayanta. Ya yi lissafi a ransa: za a ɗauka ƙarfe goma, ƙwayar na tare da shi har sha ɗaya da 'yan mintuna. Akwai sarari.

Goma saura biyar girgije ya taso daga bayan coci ya rufe rana ruf.

A aikin fim, wanda zai ce haske ya yi ko bai yi ba mutum ɗaya ne, kuma shi ne. Ya ɗaga baƙin gilashin da ke rataye a wuyansa da hannun hagu, ya kara a ido, ya dubi sama. Girgijen mai kauri ne, tafiyarsa ta hawainiya.

"Minti nawa?" in ji Ilka.

"Ashirin."

Ashirin ta wuce. Ya sake dubawa. "Wasu ashirin."

Yana zaune a kan akwatin kaya sai ga Korbinian Zehentner ya zo ya zube kusa da shi, har akwatin ya yi ƙara. Shi ne ke fitowa a magajin garin. Shekara saba'in da uku, ƙaton ciki, sarƙar sarauta ta jabu a wuya, burodi da nama a hannu. Fim goma sha tara suka yi tare, kuma kowa ya san wannan ne na ƙarshe da za a ba Korbinian babban matsayi, don gwiwoyinsa sun gama aiki.

"Fuskar shanu," ya ce, baki cike. "Yau kam za ka sayi giya."

"Shekara talatin kana faɗin haka."

"To ai rana ɗaya ta mai kaya ce. Na tanadi wata fuska tun ina ɗan arba'in, ban taɓa fito da ita ba. Taka ce."

"Fuskarka guda ɗaya ce, Korbi, kuma na gaji da kallonta."

"Ka ji marowaci. Mutum ya hana kansa dariya rabin rayuwarsa don kada ya sayi kiret ɗaya. Traudl ma sai da ta ce mini ranar aurenku limamin coci ya ɗauka jana'iza aka kira shi." Ya gutsiri burodi, ya tauna, ya dubi sama. "Wannan abin zai buɗe kuwa?"

"Zai buɗe."

"Kafin in mutu?"

"Wannan ban yi alkawari ba."

Korbinian ya yi dariyarsa mai kama da tari, ya ɗan daki gwiwar Winfried, ya miƙe da ƙyar ya koma wajen masu kwalliya.

Sha ɗaya saura kwata Ilka ta dawo. Mutanen gari sun fara zamewa suna shiga gidan giya, 'yan badujala sun ajiye ƙahoninsu a kan ciyawa.

"Mu ɗauka haka nan," ta ce. "Za a gyara hasken daga baya. Kai dai ka ce to."

Ga ƙofa an buɗe masa har bango. Kalma ɗaya, a ɗauka yanzu, hannun na nan lafiya lau, da yamma ya koma masauki da sirrinsa. Ya dubi inda Korbinian zai tsaya. Jiya sun ɗauki farkon wannan fitowar cikin rana tarwai, inuwa gajera a ƙasa. A wannan hasken kuwa fuskar tsohon za ta fito fayau kamar dafaffen dankali, duk 'yan layukan da ke gefen bakinsa su ɓace, alhali a cikinsu dariyar take. Ya buɗe baki zai ce to.

"A'a," ya ji kansa ya ce. "Mu jira."

Ni dai har yau ina jin haushinsa a kan wannan, kuma har yau na san da an sake ba shi zaɓi abin da zai faɗa ke nan. Ilka ta dube shi kamar ta mare shi da takardar, ta juya.

Sha ɗaya ta buga a agogon coci. Ya yi tunanin ya ce zai shiga banɗaki, ya ruga masauki. Minti goma sha biyar tafiya, sha biyar dawowa, ƙwayar kuma sai ta yi minti arba'in kafin ta kama. In rana ta fito ba ya nan, mutum ɗari biyu da hamsin za su tsaya suna tambayar ina Winfried, wanda bai taɓa barin kyamara ko don fitsari ba. Gaba kura, baya sayaki. Ya zauna.

Sha ɗaya da rabi ya ji rawar hannun ta dawo. Daga yatsa take farawa, ta hau wuyan hannu, ta ɗan tsaya nan. Ya zauna a kan hannun. Tsoro ne ya kama shi, tsoro na gaske, kuma ya san tsoron ƙara wa abin ƙarfi yake yi.

Sha biyu saura goma gefen girgijen ya yi fari. Ya kara gilashi. Akwai rami a ciki, zai kai minti shida, bayansa kuma wani baƙin ne har bayan duwatsu.

"Minti uku," ya ce da ƙarfi. "Kowa ya koma wurinsa."

Dandalin ya hargitse. Aka kwaso mutane daga gidan giya suna goge baki. Masu igiyoyin ƙarfen da za su karkatar da itacen suka ɗaga hannu alamar sun shirya. Can nesa, a barandar ofishin gari, kyamara ta biyu na kan ƙafa-uku tana kallon dandalin duka. Mutum biyu suka ɗago babbar kyamarar suka ɗora masa a kafaɗar dama. Kilo goma sha uku. Ya damƙi mariƙin da duk ƙarfinsa, ya manna ido, duniya ta dawo 'yar murabba'i.

Rana ta faso.

"A fara," in ji Ilka.

Maza arba'in suka yi ihu ɗaya, itacen ya tashi a kan gwafanni. Korbinian ya tsaya yana ba da umarnin banza, sai 'yan badujala suka kama kiɗan makoki a maimakon na biki. Ya zabura. Da waɗannan gwiwoyin nasa ya ruga, sarƙa na dukan ciki, Winfried na biye. Gudun kam lafiya. In jiki na motsi ciwon kan lafa, kuma kyamarar da ke gudu kowa ya san tana girgiza. Suka wuce rijiya, suka wuce teburan giya. Korbinian ya taka alamar da aka manna masa a ƙasa, ya juyo, ya ɗaga yatsa.

Winfried ya tsaya.

Daƙiƙa biyu na farko hoton ya zauna daram. Can bayan kafaɗar magajin gari itacen ya fara karkata. Sai hannun ya farka. Ya ga gefen hoton ya motsa, ƙusurwar tagar coci ta shigo ta fita. Ya ɗauke numfashi, ya matse gwiwar hannu a haƙarƙari. Tagar ta sake shigowa. Ya kai hannun hagu ya danne na dama, abin ya bi ta kafaɗa ya shiga kyamarar kai tsaye.

Ƙarar ta zo, ƙarfe da gilashi da itace, har ƙasa ta amsa. Tsuntsaye suka watse daga rufin coci.

Yanzu ne sha biyun suka fara. Ya shiga ƙirgawa. A ta huɗu tagar tana rawa sosai, sama da ƙasa, sama da ƙasa. A ta bakwai gumi ya shiga idonsa. Ya ciji leɓe har ya ji gishirin jini. Ya roƙi hannun a ransa kamar yadda ake roƙon yaro mai kuka a coci, hannun bai ji ba. Tara. Goma. Babu wanda zai kalli wannan a allo ya ce bai ga komai ba.

"Na gode," in ji Ilka, aka tsaya.

Mutanen gari suka fashe da tafi da shewa. Ma'aikata kuwa shiru, don waɗanda ke bayan allon darakta sun gani. Aka sauke masa kyamarar. Ilka ta cire abin kunne ta ajiye a hankali, ta taho. Fuskarta ta yi fari fat.

"Winfried," ta ce, murya ƙasa-ƙasa. "Mene ne wannan?"

Ya buɗe baki.

"Ya yi dariya!"

Korbinian ne, da muryar da ke kai wa kujerar ƙarshe a gidan wasa ba tare da lasifika ba. Ya ɗaga hannu biyu sama, sarƙa ta karkace. "Jama'a ku zo ku gani, Haslinger ya yi dariya! Na gan shi da idona, kafaɗar nan tana rawa kamar ta amarya! Shekara talatin ina bin mutumin nan, yau na kayar da shi. Ina mai gidan giya? A fito da kiret, na fuskar shanu ne!"

Wurin ya ɗauka. Shugaban masu fitila, wanda ya sayi kiret ya fi ashirin a gaban Winfried, ya zauna a ƙasa yana riƙe ciki. Mai ɗaukar murya ya rantse ya ji 'yar ƙara a na'urarsa. Ana ta dukan bayansa, ana ɗaukarsa hoto da waya. Korbinian ya rungume shi ƙam, ya haɗa har da hannun daman ya matse a tsakanin cikinsa da ƙirjin Winfried, bai sake shi ba sai da aka ja shi.

Ilka ba ta yi dariya ba. Tana tsaye tana kallonsa.

"Da gaske ne?"

"E," ya ce. "Ki yi haƙuri."

Ta koma allo ta kalla sau biyu. Da ta dawo fuskar ta ɗan saki. "Zan ɗauki daƙiƙa biyun farko, in yanka zuwa kyamarar baranda, in dawo a ƙarshe inda ya lafa. Ba abin da na so ba ne." Ta ja numfashi. "Amma hasken ya yi. Da mun ɗauka ɗazu da mun yi asara. Kuma gudun nan, ban taɓa ganin wanda ya bi mutum haka ba. Ina da wani fim a lokacin kaka, a Hamburg, duka a kafaɗa. Kai nake so."

Aka kawo kiret, aka ɓalle masa kwalba, ya karɓa da hagu. Ya tsira. Abin mamaki, ko ɗan daɗi bai ji ba, gajiya kawai, da kunya.

Bayan abincin rana aka ce Korbinian na nemansa. Ya same shi a motar da yake sauya kaya, zaune gaban madubi cikin singileti, yana goge kwalliya da auduga.

"Jawo ƙofar."

Ya jawo.

"Ba ka yi dariya ba," in ji Korbinian, bai juyo ba. "Kai ko an yi maka cakulkuli ba ka yi. Yayana ya yi shekara tara da wannan abin. Na san murzar yatsan nan tun ranar farko da ka ɗauki kofi da hagu."

Winfried ya jingina da ƙofa.

"Wa ka faɗa wa?"

"Wa zan faɗa wa, sakarai? Na yi maka ƙaryar da ta fi duk wadda na taɓa yi a gaban kyamara, kana tambayata wa na faɗa wa." Ya jefar da audugar, ya ɗauki wata. "Wannan fim ɗin ka gama shi lafiya, saura kwana huɗu, duk a ƙafa-uku. Na Hamburg kuwa ba na ciki, Winni. Babu mai yi maka ihu a can."

"Na sani."

"To."

A waje ana jan gawar motar da sarƙa. Korbinian ya gama goge rabin fuska, rabin na nan da hoda, sai ya tsaya. Da ya sake magana muryar ta canza, ta zama ta tsoho.

"Faɗa mini abu ɗaya. Ya yi?"

"Me?"

"Fuskar. Ni ba na ganin kaina. Allon yarinyar nan kuma ban yarda da shi ba, komai a ciki ƙarami ne. Fim goma sha tara, da an ce na gode kai nake duba, in ka ce ya yi, na san ya yi. Yau ban samu na tambaye ka ba." Ya juyo da kujerar. "Ita ce ta ƙarshe, ka sani. Ya yi?"

Winfried ya rufe ido ya nemi hoton. Duk wata ɗauka da ya taɓa yi tana nan a kansa, zai iya faɗa maka inda inuwa ta faɗi a fim ɗin da ya ɗauka yana ɗan ashirin da bakwai. Ya nemi ta yau. Ga tagar coci. Ga ƙusurwarta tana shigowa tana fita. Ga lambobin da ya ƙirga. A tsakiyar hoton, inda fuskar take, babu komai.

Ƙarya ɗaya ce a nan ma, kuma 'yar ƙarama. Mutumin nan ya yi masa babba ɗazu. Amma shekara talatin Korbinian na tambayarsa ne don ya san ba ya yi masa ita.

"Ban gani ba, Korbi."

"Kamar ya ba ka gani ba? Taku biyu ne tsakaninmu."

"Hannuna nake kallo. Daƙiƙa goma sha biyu ina tsaye a kanka, ban ga fuskarka ba."

Korbinian ya daɗe yana dubansa. Bai yi fushi ba, da ma fushin ya yi da ya fi sauƙi. Ya gyaɗa kai a hankali, ya juya ga madubi, ya ɗauki auduga ya fara goge sauran rabin.

Aka ƙwanƙwasa.

"Winfried, kana ciki?" Muryar Ilka ce. "Zo mu tsayar da ranakun kaka kafin wani ya riga ni ɗauke ka."

Korbinian bai ma dube shi ta madubin ba. Winfried ya buɗe ƙofar. Tana tsaye a matakala, rana a bayanta, waya a hannu.

"Shigo ki rufe," ya ce. "Ki nemi wani don fim ɗin Hamburg. Zauna in nuna miki dalili."